Yadda Jakada Ya Kai Rigar Zumunta Ƙasar Waje

Duk wanda ya ce Jibiya ba ta da manyan mutane, to bai taɓa zama a teburin Uwaisu mai shayi da hantsi ba. A nan ake ganin isowar Mai Girma Filemon, wanda kaf unguwa ke kira Jakada. A hankali yake tafiya, yana ɗaga ƙafa kamar ƙasar garin ba ta kai ya taka ta ba. Kwat a jikinsa ko da rana na narka kwalta. Tabarau a goshi, don idanun lafiyarsu lau. Aljihun gaba cike da biro, kuma har yau ba a samu wanda ya ga ɗaya daga ciki ya yi rubutu ba.

Kai, Allah ya yi wa bawan nan baiwa. Je ka shagonsa ka sha kallo. Allon da ke sama ya fi ƙofar faɗi, an rubuta da jan fenti: Filemon da 'Ya'yansa, Masu Shigo da Kaya da Fitarwa, Najeriya, Nijar, Faransa. In ka leƙa ciki kuwa sai ka tarar da tayar babur, da fulogi, da 'yan gwangwanayen baƙin mai, duk sarin Katsina. Masu baƙin ciki na cewa wai kamfanin bai taɓa fitar da komai waje ba. Sharri suke yi masa. Akwai akuyarsa da ta tsinke igiya ta bi garken da ake korawa Ɗan Isa ta Nijar, kuma har yau tana can.

Sunan Jakada ma ba a banza ya same shi ba. Shekarun baya ya je Maradi gaisuwar mutuwa, ya yi 'yan kwanaki, ya dawo Hausa ta gudu daga bakinsa. Maradi fa, garin da Hausarsu ta fi tamu kauri. Ya tsaya tsakar gida yana kaɗa yatsa, yana tambayar matarsa Fatu wai yaya ma ake ce wa ruwa da yarenku. Faransancin da ya kwaso bai wuce bonjur da dakor da wala ba. Amma ka ga mai basira, da su yake komai. Bonjur da safe, bonjur da magariba, bonjur a gidan makoki. In mai shayi ya ce madara ta ƙare, dakor. In ya yi tuntuɓe, wala.

Ana nan sai Allah ya kawo auren babbar ɗiyarsa, Leah. Angon Japheth ne, ɗan Baba Zaki na Riko, dillalin hatsi wanda buhunansa ke cika manyan motoci a bakin boda, amma silifas ɗin da ke ƙafarsa ya girmi angon. Wannan shi ya hana Jakada sukuni. Suruki mai abin hannu wanda ba ya nunawa, ai sai ka rasa ta inda za ka ɓullo ka fi shi.

To, a cocin su Jakada akwai wata al'ada da maza ba su cika lura da ita ba, don su a wurin biki shinkafa suke kallo. Farar rigar amarya guda ɗaya ce tak. Matan zumunta ne suka haɗa hannu shekarun baya suka sayi leshi a nan kasuwar Jibiya, Sarai tela ta ɗinka ta da faɗi kamar za a sa wa mutum biyu. Duk ɗiyar coci da za ta yi aure, daga nan har Riko da Daddara, ita take sawa. Amarya za ta zo ɗakin Sarai ta tsaya a gwada mata. In siririya ce, a naɗe yadin ta ciki a kama da zare. In mai jiki ce, a warware a saki. Doka ɗaya ce a kanta: ba a yanka. Naɗewa ake yi, don ta baya ta samu.

Leah kuwa tun tana ƙarama ita ke riƙe wa amare jelar rigar nan a coci, tana shafa leshin a ɓoye in ba a kallonta. A duk bikin nan, ba shinkafa ba, ba kyaututtuka ba, babu abin da take jira irin ranar da za ta shiga cikin rigar wata ta riƙe mata jela. Kuma ɗakin Sarai ba tafiya ba ce. Katanga ɗaya ce tsakaninsa da gidan Jakada. Ƙarar kekenta ce ma ke tashinsa daga barcin rana.

A teburin shayi abin ya faro. Baba Zaki ya shigo gari, ya zauna yana tsoma burodi, ya ce cikin ladabi in akwai abin da ya rage na kayan amarya a faɗa masa, ai yanzu an zama ɗaya. Shi ke nan fa abin da bawan Allah ya faɗa. Amma sai ka ce kakan Jakada ya zaga.

"Surukina," in ji Jakada, ya sauko da tabarau kan hanci, "riƙe alherinka. Ɗiyar Filemon ba za ta shiga coci da ɗinkin lungu ba. Rigarta tana hanya. Daga Faransa. Na yi magana da mutanena na can, sun ce dakor. Sabuwa fil, ko ƙuda bai taɓa sauka a kanta ba. Ta Maradi za ta biyo, kuma ni da kaina zan shigo da ita ta babbar ƙofar boda, kowa ya gani da idonsa. Wala."

Baba Zaki ya ce madalla, ya ci gaba da tsoma burodinsa. Uwaisu kuwa ya yi ta zuba shayi har ya cika kofi ya malalo ya ƙona masa yatsa.

Da yamma aka zauna shawarar inda za a kai gyaran riga, in dai shawara ce a ce mutum ɗaya na magana biyu na kallon ƙasa. Amaryar da ta sa rigar ta ƙarshe mai jiki ce, Allah ya yi mata albarka ta ko'ina, saboda haka dole a rage kafin Leah ta sa, in ba haka ba sai dai a neme ta a ciki. Leah ta ce ai Anti Sarai ta riga ta ce ta zo gobe a gwada. Fatu ta ce haka ake yi wa kowa. Jakada ya yi musu kallon tausayi, irin wanda likita ke yi wa mara lafiyar da ba ya jin magani.

"Ku matsalarku ba ku fita ba," ya ce. "Sarai? Matar da ke riƙe allura a baki tana ba da labarin kajinta? Ni na ga teloli. A Maradi tela ba ya taɓa riga sai ya wanke hannu da sabulu. Shagonsa gilashi ne tun daga sama har ƙasa. Kekensa ma in kun saurara da Faransanci yake ƙara."

Fatu ta ce to in Sarai ba ta yi masa ba, ga teloli nan birjik a Katsina. Ya ce Katsina ai cikin gida ne, duk wanda ya je Katsina bai je ko'ina ba.

Leah ta ce, "Baba, rigar nan fa ba tamu ba ce."

Ya ce shi ya sa zai yi mata gata, ita ma ta ga duniya.

A faɗi gaskiya, dabararsa ta manya ce. In telan Maradi ya sauya wa rigar fasali, ya datse nan ya ƙara can, ba mai gane ta. In kuma ta shigo ta babbar ƙofa daga wancan ɓangaren, wa zai ce ya yi ƙarya? Maradi da Faransa ai duk bonjur ake yi.

Washegari da safe ya shiga ɗakin Sarai, abin da bai taɓa yi ba tun da suka zama maƙwabta. Ya tsaya daga bakin ƙofa yana kare kwat ɗinsa daga zare, ya ce gwaggon Leah ce ta zo daga ƙauye tana son ta ga rigar. Sarai ta cire allura daga baki ta dube shi.

"Baban Leah, gwaggo ta zo ban ji sallamarta ta katanga ba? To, ga ta nan. Amma kar almakashi ya ko gaishe ta. Kuma Asabar ɗin nan ce fa, ban gwada wa yarinya ba."

Ya ce dakor.

A nan ne Jakada ya nuna shi ba irin sauran mutane ba ne. Kowa a Jibiya, har na goye, ya san yadda masu abin ɓoyewa ke yi: su fita ta babbar ƙofa hannu rabbana, su dawo ta hanyar gona da kayansu. Jakada sai ya juya abin. Ya cusa rigar amarya cikin buhun taki, ya hau bayan Lawwali ɗan kabu-kabu, suka bi ta cikin gonaki don kada ido ya ga fitarta. Ƙaya ta kama kwat, reshe ya kwashe tabarau sai da aka tsaya aka nemo. Duk bai dame shi ba. Shigowa ce yake so a gani.

A Maradi ya sa Lawwali ya yi ta zagaye har suka samu shagon da ya fi kowane gilashi. Mai shagon wani dogo ne da tef a wuya, ana ce masa Metir Badamasi. Jakada ya gyara kwat, ya shiga da buhun taki a hammata.

"Bonjur," ya ce.

Telan ya amsa, ya ɗora da wani dogon Faransanci kamar an buɗe famfo. Jakada ya ce dakor. Telan ya sake sako wani. Jakada ya ce wala. Daga nan kuma kaya suka ƙare. Telan ya dube shi, ya dubi buhun, ya ce, "Baba, yi Hausa mu huta. Mi kaka so?"

Ashe ma uwar telan 'yar Daddara ce. Har ya tambayi lafiyar wasu tsofaffi.

Aka shimfiɗa rigar a kan tebur. Badamasi ya juya ta ciki, ya ga yadi naɗe-naɗe an kama da zare, ya tambaya ina amaryar. Jakada ya ce amaryar gidan manya ba ta yawo a satin biki. To ina awonta? Sai Jakada ya ja da baya, ya ɗaga hannu biyu, ya zana ɗiyarsa a iska.

"Tsawonta kamar nan. A'a, ɗan ƙara. Ƙugunta kuma kamar nawa lokacin ina saurayi. Ka datse hannuwan, ka sauya wuyan, ka yi mata irin wanda ake yayi a can. Ina so in ta shiga coci kada wanda ya gane... wato, kada wanda ya taɓa ganin irinta."

Masu ɗinkin da ke shagon suka duƙar da kai kan kekunansu, kafaɗu na rawa.

"Ni ba ni ɗinka ma iska riga," in ji Badamasi. "Ka kawo ɗiyar, ko ka mai da ta wurin wadda ta naɗe ta. In na sa almakashi ta lalace, kai ka hau babur ka yi gaba, ni kuwa sunan shagona na jikin leda."

Leda. Da jin kalmar nan idon Jakada ya yi haske. Ya waiga ya ga ledojin shagon rataye a ƙusa, manya, masu sheƙi, da hoton dogon ƙarfen nan na Faransa a jiki. Nan take ya yafe wa telan rashin kunyarsa. Ya sa aka goge rigar, aka ninke, aka zura ta a leda. Gyaran da aka yi wa rigar amarya a ƙasar waje ke nan: guga da leda. Buhun taki kuwa ya bar musu shi tsaraba.

Bai yi gaggawar dawowa ba. Sai da ya daidaici lokacin da manyan motoci ke yin layi a Magama, bakin boda, direbobi sun sauko, masu canji da masu rake sun cika bakin hanya, kuma ya san Baba Zaki na nan wurin buhunansa. Sannan ya hau bayan Lawwali, ya ɗaga leda sama da hannu biyu kamar jaririn da za a nuna wa dangi, suka nufo babbar ƙofa.

Jami'in kwastan da ke bakin shinge wani mai sanyin hali ne, rana ta gama dafa shi. Ya ga dattijo a kan babur da 'yar leda. Ya ɗaga hannu ya ce, "Sannu Baba, ku wuce."

Ku wuce! Tun da aka haifi Jakada ba a taɓa ci masa mutunci irin wannan ba. Ya daki kafaɗar Lawwali ya ce tsaya. Ya sauko, ya gyara tabarau, ya ɗaga murya yadda na ƙarshen layi zai ji.

"Ofisa, haka kuke aiki? Kaya ya taso tun daga Faransa, ya keto teku, ya keto sahara, ka ce a wuce da shi kamar ƙullin daddawa? Duba shi. Ni mutum ne mai bin doka. A ƙasashen da muka saba zuwa, ba a wucewa haka."

Kafin jami'in ya ce wani abu, Jakada ya zare rigar ya baza ta a iska. Farin leshi ya ɗauki rana. Direbobi suka matso. Mai rake ya bar rakensa. Baba Zaki ma ya taho da silifas ɗinsa, ya tsaya a gaba.

"Sabuwa fil," in ji Jakada. "Ɗinkin can. Ba a taɓa shigo da irinta ta wannan ƙofa ba."

Jami'in nan, Allah ya saka masa, ya buɗe wa Jakada ƙofa har da taga. Ya rage murya ya ce, "Baba, ka tabbata? Ba kayan gida ba ne aka kai gyara aka dawo da shi? In haka ne ka ninke abinka ka tafi."

Jakada ya saci kallon surukinsa. Surukin na kallonsa.

"Kayan gida? Ofisa, kalle ta da kyau. Wannan ta yi maka kama da kayan gida? Ni ne Filemon da 'Ya'yansa. Shigo da kaya sana'ata ce."

"To madalla. Tunda sana'arka ce, ka san sauran. Kawo takardun shigo da ita a yi mata kuɗin fito."

Jakada ya shafa aljihun dama. Ya shafa na hagu. Ya shafa na gaba, biro suka gaishe shi. Ya ce takardun suna tafe a wani jirgin. Jami'in ya ce ba komai, rigar za ta jira jirgin. Aka karɓe ta da ladabi, da ledarta, aka kai sito aka ɗora kan buhunan shinkafar da aka kama, kusa da jarkokin fetur.

Jakada ya zaro waya ya ce yanzu za a ga aiki. Ya kira manyan da ya sani. Na farko bai ɗauka ba. Na biyu ya ɗauka ya ce wane Filemon.

Da jama'a suka ɗan watse, ya lallaɓa kusa da jami'in, ya sa baki a kunnensa. "Ofisa, tsakanina da kai, ba sabuwa ba ce can-can. Gwanjo ce."

"Gwanjo daga waje? Haba Baba. Wannan ai ko da takarda ba ta shiga. Gara ka tsaya a sabuwar." Sai ya ƙara da cewa, in kuwa ta gida ce, to a gaban jama'a aka ce ta waje ce, kuma su ba su ga fitarta ba. Sai masu ita sun zo sun shaida.

Wannan karon ko dakor bai fito ba.

Labari ya riga shi isa gida, don Lawwali ba ya riƙe magana ko ta minti ɗaya ce. Ya tarar da Leah zaune a bakin ɗaki, lalle a hannu. Ya yi gyaran murya ya ce wani ɗan lamari ne ya taso tsakanin ƙasa da ƙasa, ana kan tattaunawa a sama.

Ta ɗago ta dube shi. "Baba, jibi me zan sa?"

Ya ce ta kwantar da hankalinta, mutanensa na can...

"Ni ban ce ina son Faransa ba. Rigar da na riƙe wa kowa jela nake so. Kuma in ta ɓata a hannunmu, da wane ido zan shiga coci? Akwai wadda ke jiran ta bayana."

Jakada ya juya kai yana gyara biro a aljihu. Fatu kuwa ta miƙe. Ta ɗauki mayafi ta zaga gidan Sarai.

Sarai ba ta yi faɗa ba. Aike kawai ta yi. Washegari da hantsi masu zaman bakin boda suka ga kabu-kabu na sauke mata a Magama, ɗaya bayan ɗaya, duk cikin zanen zumunta. Wasu da goyo, wasu da ciki, wasu daga Riko, wasu daga Daddara. Da yake matan zumunta ba sa fita taro ba kayan aiki, har da tulunan kiɗansu suka zo. Wata ta riƙo waya, wata ta ciro hoto daga bangon ɗakinta da ƙusarsa. Jakada ma yana nan, Fatu ta taso shi a gaba. Ya tsaya gefe yana karanta wani allo da ya sha karantawa.

Aka fito da rigar tana warin fetur. Jami'in ya ce to, wa ke da ita? Mata suka ce mu. Ya ce da wace shaida?

Wata ta ce ya ɗaga gefen ƙasa ta hagu zai ga inda gawayin dutsen guga ya ɗan lasa, ranar aurenta ne, har ta yi kuka. Ya ɗaga, ga shi nan. Wata ta ce ya duba ƙarƙashin hannun dama akwai inuwar zoɓo, ƙanwar mijinta ce ta yi mata, kuma har yau ba ta yafe ba. Mai jikin nan da ta sa ta ƙarshe ta ce ita a nata lokacin Sarai ta saki yadin kusan gaba ɗaya, duk da haka ba ta yi numfashi ba sai da fasto ya sa albarka. Aka yi ta miƙa hotuna. Jami'in ya jera su a kan benci. Amare daban-daban, doguwa da gajera, fara da baƙa, riga ɗaya.

Direbobi da masu canji, waɗanda jiya suka ga shigowar kayan Faransa, yau ma ba su bari an ba su labari ba. Suka yi da'ira.

Ta ƙarshe da ta matso ita ce Glory, yayar ango, babbar ɗiyar Baba Zaki. Nata hoton babba ne, mai gilashi. Ga ta nan cikin rigar. Ga Baba Zaki riƙe da hannunta, da silifas ɗin nan dai. Ga wata 'yar siririyar yarinya a baya riƙe da jela, Leah ke nan. Jami'in ya kai hoton kusa da ido, ya nuna can gefe da yatsa.

"Wannan mai kwat ɗin fa, da ya sa kai cikin faranti?"

Aka leƙa. Aka koma kan sauran hotunan da ke benci aka leƙa. Kusan kowane biki Jakada na nan a kusurwa, kwat a jiki, tabarau a goshi, cokali a hanya. Ashe ya fi kowa halartar bikin rigar nan. Shinkafa ce dai ba ta bar shi ya ɗago ya gaisa da ita ba.

Baba Zaki ya daɗe yana kallon rigar, sannan ya ce, "Shi ya sa jiya na ga kamar na san ta. Na ɗauka mutanen Faransa ne suka kwaikwayi tamu."

Jami'in ya ce shi ya gamsu. Abu ɗaya ya rage. Bakin da ya ce ta waje ce, a nan wurin, shi zai ce ta gida ce, a nan wurin.

Jakada ya matso. Ya yi wata 'yar magana a cikin wuyan kwat. Daidai nan wata babbar mota ta tayar.

"Ba mu ji ba, Baban Leah!" in ji mata.

Ya sake. Mai jikin nan ta ce ita kunnenta ɗaya ba ya aiki tun haihuwar fari.

Sai Jakada ya cire tabarau daga goshi ya riƙe a hannu. Hausar da ta gudu shekara da shekaru ta dawo masa tsaf, ba ko gargada.

"Ɗinkin Jibiya ce. Sarai ta ɗinka. Ta zumunta ce. Aro muka yi."

Mata suka ce amin, tuluna suka ɗauka. Da kiɗa aka rako rigar tun daga Magama har cikin unguwa, Sarai a gaba da ita a kafaɗa, Jakada a can baya riƙe da leda.

A ranar aka wanke ta aka shanya, warin fetur ya fita. Leah ta zaga katanga, tafiyar da tun farko ita ce kawai ake buƙata, ta tsaya a tsakiyar ɗaki. Sarai ta sa allura a baki, tana naɗewa tana kamawa, tana ba da labarin wata kazarta da ta ƙi kwanci. Ranar Asabar Leah ta shiga coci cikin farin leshi, rigar ta zauna mata kamar don ita aka yi. Da ta zo wucewa ta gaban matan zumunta, kowace ta miƙa hannu ta ɗan shafa.

Jakada kuwa a wurin cin abinci bai yi jawabi ba. Ya gaida baƙi da sannunku da zuwa. Har ya ce wa Baba Zaki na gode, da Hausa. Fatu ta ce wa Sarai ita kam ta ga ikon Allah, an rage mata miji ya dawo daidai jikinsa.

Sarai ta ce, "Kar ki yi saurin murna, Maman Leah. Ba yanka shi aka yi ba. Naɗe shi aka yi."

Haka kuwa. Ba a gama wanke tukwanen biki ba zaren ya saki. Aka ga tabarau ya koma goshi, aka ji bonjur a teburin Uwaisu.

"Ku nuna mini," in ji Jakada, yana buga cokali a kofi, "riga ɗaya a duk jihar nan da ta fita ƙasar waje, hukuma ta ba ta masauki ta kwana, jama'a suka fito tarbarta da kiɗa. Wa ya yi mata hanya? Wa ya kai ta? Amma ba za ku ji an gode ba. Haka mutanenmu suke. Wala."

Matan zumunta dai sun gode, ta hanyarsu. Dokar riga ta zama biyu yanzu: ba a yanka, kuma ba a ba uban amarya.

Ledar kuwa tana nan rataye a teburin Uwaisu, da dogon ƙarfenta na Faransa, a ciki yake ajiye burodi saboda ƙuda. Duk mai shakka ya je ya gani. Don haka masu baƙin ciki sai su yi shiru haka nan, kamfanin Filemon da 'Ya'yansa ya cika abin da ya rubuta a allo. Ya fitar da akuya, ya shigo da leda.